Kyanwa marar gashi: yadda muka zaɓe ta, da aikin da ke jiran wanda ya ɗauke ta

Mafi yawan masu neman kyanwar Sphynx suna zuwa ne da lissafi ɗaya: tunda ba ta da gashi, ba sharar gashi a kujera, ba taje jiki, ba atishawa. Tsugune ba ta ƙare ba, an sayar da kare an sayi biri. Gashin kyanwa ma'aikaci ne. Shi ke shanye maiƙon da fata ke fitarwa, shi ke tare sanyi da rana, shi ke hana ƙura shiga kunne da ido. Idan babu shi, duk wannan aiki kan mai ita yake komawa. Mun bi hanyar tun daga neman mai kiwo har zuwa shekarar farko a gida, kuma ga yadda take.

Sai an san asalin jinsin kafin a gane dalilin tambayoyin da za a yi wa mai kiwo. Sunan yana sa mutane su zaci daga Masar take, amma ba ruwanta da Masar. A Toronto ta ƙasar Kanada aka haifi ɗan kyanwa marar gashi a 1966, daga uwa mai gashi ta gida, aka sa masa suna Prune. Zuriyarsa ba ta yi nisa ba. Waɗanda ake gani yau sun fito ne daga wasu 'yan ƙalilan da aka samu a jihar Minesota ta Amurka a 1975 da 1976, da wasu kuma da aka tsinta a Toronto a ƙarshen shekarun 1970, aka kai biyu daga ciki ƙasar Holan, aka haɗa su da jinsin Devon Rex. Ka ga ke nan tushen duka bai fi a ƙirga da yatsu ba. Duk jinsin da ba shi da yawa haka yake, kare ne ko kyanwa: idan kakanni kaɗan ne, ciwon da ɗaya daga cikinsu ke ɗauke da shi sai ya bazu cikin jikoki.

Rashin gashin kansa daga canjin ƙwayar gado guda ɗaya ne, ana kiranta KRT71, kuma sai ɗa ya gaje ta daga uwa da uba duka sannan take bayyana. Akwai wasu marasa gashi da ba Sphynx ba ne: Donskoy, wadda aka samu a Rostov ta Rasha a 1987, da Peterbald da aka fitar daga gare ta a 1994. Su tasu ƙwayar gadon daban ce, daga ɓangare ɗaya ma ta isa. Masu sayarwa marasa ilmi sukan cakuɗa sunayen. Akwai kuma haɗe-haɗen zamani, irin Bambino mai gajerun ƙafafu da Elf mai lanƙwasasshen kunne. Mu mun kauce musu gaba ɗaya, don ɗora naƙasa ne a kan naƙasa saboda kyan hoto kawai.

Abu biyu muka fara warwarewa kafin mu tuntuɓi kowa. Na farko doka. Ba kowace ƙasa ce ta yarda da wannan jinsi ba. Holan ta hana mallakar sababbin kyanwoyi marasa gashi da masu naɗaɗɗen kunne daga 1 ga Janairu, 2026, saboda wahalar da halittar ke jawo wa dabbar. Na biyu borin jini. Abin da ke sa mutum atishawa da jan ido ba gashi ba ne, wani sinadari ne mai suna Fel d 1 da ke cikin miyau da maiƙon fata, kuma Sphynx na fitar da shi kamar kowace kyanwa. Har ma ya fi sauƙin taɓa ka, tunda fata da fata kuke haɗuwa. Duk wanda zai zauna da ita a gida ya je ya yi awa ɗaya ko biyu cikin manyan kyanwoyin mai kiwon, ya ɗauke su, ya bari su lashe masa hannu, sannan ya jira kwana ɗaya ya ga abin da jikinsa zai ce. Ziyara biyu ta fi ɗaya.

Zuciyar iyaye kafin fuskar 'ya

A nan muka fi daɗewa, kuma a nan ne mafi yawan masu saye ke wucewa da gudu. Babban ciwon wannan jinsi shi ne kaurin bangon zuciya, wanda likitoci ke taƙaitawa da HCM. Naman ɗakin hagu na zuciya ne ke ƙara kauri har wurin da jini zai taru ya ƙuntata. Kyanwa na iya ɗauke da shi shekaru tana wasa tana cin abinci, ba alamar komai, sai wata rana ruwa ya taru a huhu, ko gudan jini ya fita daga zuciya ya toshe jijiyar da ke kai jini ƙafafun baya, ko ta faɗi kawai. Wani bincike da Kwalejin Likitocin Dabbobi ta Landan ta fitar a 2024 a kan kyanwoyin Birtaniya ya nuna matsakaicin tsawon ran kyanwa ya kusa shekara 12, amma na Sphynx bai kai 7 ba, shi ne mafi ƙanƙanta a jerin. Sphynx ɗin da ke cikin binciken ba su da yawa, kuma akwai masu wuce shekara goma sha, amma adadi ne da ya kamata mai saye ya ji tun kafin ya ba da kuɗi.

Sauraron ƙirji da abin sauraren likita bai isa ba. Akwai masu ciwon da ba a jin komai a ƙirjinsu, akwai masu ƙarar da ba ciwo ba ce. Abin da ake nema shi ne hoton zuciya na eko, irin hoton da ake yi wa mai juna biyu, wanda likitan zuciyar dabbobi ya ɗauka. A takardar sakamakon muna duba abu huɗu: sunan kyanwar da lambarta, kwanan wata, sunan likitan da ya yi, da awon kaurin bango. Milimita 6 zuwa sama a lokacin da zuciya ta saki, ciwo ne. Ƙasa da 5 lafiya. Tsakanin nan kuwa sai an sake dubawa. Kwanan watan yana da nauyi ƙwarai, domin ciwon kan fito daga baya. Muzurun da aka duba yana shekara ɗaya aka ce lafiya, yana iya nuna shi yana shekara huɗu. Mai kiwon kirki duk shekara yake duba masu haihuwarsa. Idan takardar ta wuce wata goma sha biyu zuwa sha takwas, ka ɗauka babu ita. Akwai gwajin ƙwayar gado da wasu ke nunawa, yana da amfaninsa, amma bai maye gurbin eko ba, domin ba ƙwaya ɗaya ce kaɗai ke kawo ciwon ba.

Tambayar da ta fi kowace tona asiri ita ce: kakannin suna raye? In sun mutu, suna da shekara nawa, me ya kashe su? Wanda ya daɗe yana kiwo ya ce maka bai taɓa ganin ciwon zuciya a layinsa ba, ko dai ba ya dubawa, ko ba ya faɗin gaskiya. Mun fi natsuwa da wanda ya ce ya taɓa gani, ya cire wannan dabba daga haihuwa, ya kuma sanar da waɗanda suka sayi 'ya'yanta.

Daga nan sai takardar asali, ta ƙungiyar rajista irin TICA ko CFA, mai nuna zuriya huɗu ko biyar. Ba don ado ake karanta ta ba. Ka ɗauki biro ka ja layi a ƙarƙashin duk sunan da ya fito a ɓangaren uwa ya kuma fito a ɓangaren uba. Idan wa da ƙanwa aka haɗa, ko uba da 'yarsa, kusancin jinin ya kai kashi 25 cikin ɗari. Idan uba ɗaya kawai suka haɗa, kashi 12.5, idan 'ya'yan wa da ƙani ne, kashi 6.25. A jinsi mai ƙarancin tushe ba za ka rasa maimaicin suna can baya ba, amma in ka gan shi a layin iyaye ko kakanni, ka nemi bayani. Rajista dai shaidar asali ce, ba shaidar lafiya ba.

Sauran takardun ba su da wuya: gwajin jini da ya nuna iyaye ba su da FeLV da FIV, cututtuka biyu masu karya garkuwar jikin kyanwa, sai katin rigakafin 'yar kyanwar da na maganin tsutsar ciki.

Ba a cinikin biri a sama. Dabba mai wuyar samu ita ce abincin 'yan damfara a intanet: hoto mai kyau da aka sato, farashi mai sauƙi, a ce ka tura kafin alƙalami, daga baya a ce kuɗin keji, kuɗin inshora, kuɗin jirgi. In nisa ya hana zuwa, a yi kiran bidiyo kai tsaye, ka ce a ɗaga 'yar kyanwar, a juya ta, a nuna maka uwar tare da ita. Mai ƙin wannan, ka rabu da shi. An ma sha kama masu aske kyanwa ta gida su sayar da ita da sunan Sphynx. Ta gaskiya fatarta kamar jemammiyar fata ce mai laushi da ɗumi, da ɗan gashi siriri a kan hanci, bayan kunne, yatsu da bakin wutsiya. Tana da tattara a goshi da wuya da kafaɗa, manyan kunnuwa masu faɗin gindi, tafin ƙafa mai kauri, da ɗan tumbi kamar wadda ta gama cin abinci. Askakkiya kuwa in ka shafa ta baibai za ka ji kaushin tsiron gashi, ka ga ƙananan yanka, cikin mako biyu kuma gashi ya fara dawowa.

Ranar ziyara hanci ne ke fara aiki. Warin fitsari mai yaji tun daga ƙofa yana nufin dabbobi sun yi wa wurin yawa. Muna duba idanu ko akwai kwantsa mai ruwan ɗorawa ko ido ɗaya a tsuke, hanci ko yana yoyo, dasashi ko ja ne, ƙarƙashin wutsiya ko akwai alamar zawo. Zawon da ke tafiya yana dawowa a gidan kiwo mai cunkoso sau da yawa wata ƙwayar cuta ce ta hanji da maganin tsutsa na yau da kullum ba ya kashewa, kuma za ka ɗauko ta ne har gidanka. A fata muna neman zagayayyen tabo mai ɓawo, don makero yana kama mutum. A ajiye 'yar kyanwar a ƙasa a ja mata zare. Wadda ke saurin gajiya, ko take tafiya kai a sunkuye kamar wuyanta ya kasa ɗaukar kan, tana iya zama mai raunin tsoka na gado, wanda ake samu a wannan jinsi da Devon Rex.

Ba mu yarda a ba mu ita kafin mako 12 ba, 14 ma ya fi. Wadda aka raba da uwa tana mako shida ko takwas takan tashi da cizo, da tsotson bargo, da saurin kamuwa da mura. A yarjejeniyar da aka sa wa hannu mun tabbatar an rubuta cewa muna da kwana uku mu kai ta wurin likitanmu, in ya ga matsala a mayar. An rubuta abin da zai faru in ciwon gado ya bayyana. An kuma rubuta cewa mai kiwon zai karɓe ta in wata rana riƙon ya gagara. Lambar da ke jikin takarda, mai jerin lambobi 15, likita ya ɗora na'ura a kafaɗarta ya tabbatar ita ce ke cikin ɗan ƙaramin guntun shaidar da aka dasa mata ƙarƙashin fata.

Satin farko

Ɗaki ɗaya muka ware, ba gida duka ba. A ciki akwai akwatin yashi a lungu ɗaya, abinci da ruwa a ɗaya lungun mai nisa, gado mai rufi kamar kogo da bargo a ciki, da abin kartar farce. Tsawon akwatin ya kai tsawon jikinta sau ɗaya da rabi, zurfin yashin santimita 5 zuwa 7, irin wanda ta saba da shi a gidan mai kiwo, marar turare. Ƙa'idar ita ce akwati ɗaya ga kowace kyanwa, a ƙara ɗaya. In akwai wasu dabbobi a gidan, sai ta yi mako biyu ba su haɗu ba.

Abinci ma wanda ta saba da shi. In za a canza, a ɗauki kwana 7 zuwa 10: kwata na sabo a kwana biyu ko uku na farko, sannan rabi, sannan kashi uku cikin huɗu. Canji na farat ɗaya zawo yake kawowa, sai mutum ya ɗauka sabon abincin ne bai karɓe ta ba.

Tana ci fiye da kyanwa mai gashi mai girmanta, domin wani kaso na abincin wajen ɗumama jiki yake tafiya. 'Yar ƙarama sau huɗu a rana har zuwa wata huɗu ko biyar, sannan uku. Babba sau biyu ko uku. Babba mai kilo 4 za a fara mata daga kalori 220 zuwa 250 a rana, sai sikeli ya nuna ko a ƙara ko a rage. Muna auna ƙarama duk mako a kan sikelin girki, cikin kwano. Ya kamata ta riƙa ƙara kusan giram 100 a mako. In mako biyu suka wuce ba ƙari, akwai magana. Manya yawanci tsakanin kilo 3 da 5 suke. Abin lura: tumbinta na halitta ne, don haka ba a gane ƙiba daga ciki. A shafa haƙarƙari. Ya kamata a ji su ba tare da an danna ba. A jikin buhu ko gwangwani a nemi inda aka rubuta cikakken abincin kyanwa ne. Kyanwa ba ta iya haɗa isasshen sinadarin taurin a jikinta, rashinsa kuma yana lalata zuciya da ido, shi ya sa abincin kare ba ya riƙe ta; tsurar tsoka kullum ma ba ta riƙe ta. Madarar saniya zawo take sa yawancinsu. Albasa da tafarnuwa suna fasa jajayen ƙwayoyin jininsu, dafaffu ko ɗanyu.

Kwano na ƙarfe ko na tangaran, a wanke kullum. Na roba yana karcewa ya riƙe datti, sai ka ga baƙaƙen ɗigo a haɓarta kamar an barbaɗa toka, daga baya su zama ƙuraje.

Wanka

Kwana biyar ko shida bayan isowarta za ka fara ganin abin da ake faɗa. Inda take kwanciya a kan farin zanen gado sai ya bar shaidar jikinta, launin ƙasa-ƙasa, kamar an zuba shayi ya bushe. Ka sa yatsa cikin tattarar wuyanta ko hammatarta, zai fito da danƙo. Wannan maiƙo ne da gashi zai shanye, ya haɗu da ƙura. In an bar shi, yana toshe ƙofofin fata, wani nau'in naman gwari da ke zaune a fata ya samu abinci ya yaɗu, a fara wari da ƙaiƙayi.

Ga yadda muke yi. A rufe taga a kashe fanka ko na'urar sanyi tukuna. A yanke farce kafin wanka, ba bayansa ba. A shimfiɗa ƙaramin tawul a gindin baho don ƙafarta ta samu wurin kamawa. Yawancin kokawar wanka daga santsi take, ba daga ruwa ba. Ruwan zurfin santimita 8 zuwa 10, ɗuminsa digiri 37 zuwa 38, wanda in ka tsoma gwiwar hannu ba ka jin zafi ba ka jin sanyi. A tara ruwan kafin a kawo ta, don ƙarar famfo na firgita su. Sabulun ruwa na kyanwa, marar turare, kamar ƙaramin cokali ɗaya, a narka shi a kofin ruwa maimakon a matsa shi a fata kai tsaye. Da tafin hannu ko tsumma mai laushi ake bi, daga wuya zuwa wutsiya, ana buɗe kowace tattara da yatsa: wuya, hammata, matsematsi, gindin wutsiya, tsakanin yatsu. Fuska ba ta shiga ruwa, da jiƙaƙƙen tsumma ake goge ta. Ɗauraya ita ce rabin aikin; sabulun da ya maƙale a tattara shi ke zama jan tabo washegari, kuma za ta lashe shi. Duka-duka minti biyar. A naɗe ta a tawul nan take, a riƙa dannawa ba gurzawa ba, a canza zuwa busasshe na biyu, a tabbatar cikin tattara ya bushe.

Sau nawa? Nan mutane ke kuskure ta ɓangare biyu. Wasu na barinta wata biyu, wasu na yi mata duk bayan kwana biyu. Yawan wanka yana busar da fata, ita kuma fatar sai ta ƙara fitar da maiƙo, mai ita ya ƙara wanka, a yi ta zagaye. Mun fara da sau ɗaya a mako, muka riƙa ƙara tazara har muka ga inda fatar ta daidaita. Ga yawancinsu tsakanin mako ɗaya ne da uku. A tsakani, tsumma da ruwan ɗumi sun isa. Wanke bargonta duk mako yana rage buƙatar wankan sosai, tunda in ba haka ba daga baho take komawa cikin tsohon maiƙo.

Kada a shafa mata man shafawar mutane ko man ƙanshi na tsirrai. Duk abin da ya hau fatarta cikinta zai shiga, hantar kyanwa kuma ba ta iya sarrafa da yawa daga irin waɗannan sinadarai.

Kunne duk mako. Babu gashin da zai tare ƙura, ga shi a buɗe kamar mazurari, don haka dattin yana da yawa, baƙi-baƙi mai danƙo. Sababbin masu riƙo sukan ɗauka ƙwarin kunne ne, har su fara ɗiga magani ba dalili. Likita da madubin ƙara girma ne kaɗai zai bambance. A ɗiga ruwan wanke kunne na dabbobi, a murza gindin kunnen daƙiƙa 20 har a ji yana ɗan ƙara, a sake ta ta girgiza kai, sannan a goge abin da ya fito da auduga a naɗe a yatsa. Tsinken auduga iyakarsa lungunan da ido ke gani. Tura shi cikin rami yana danna dattin ciki, garin neman gira a rasa ido. Wari, ja, ko karkata kai gefe ɗaya, wannan na likita ne.

Farata 18 ne, biyar-biyar a gaba, hurhuɗu a baya. Ka danna tafin a hankali farcen ya fito, za ka ga baƙin danƙo ya zagaye gindinsa, a cikin ɗan kuben fatar da yake komawa. A goge shi da jiƙaƙƙen tsumma, a datse kan farcen kamar milimita 2, nesa da jan da ake hangowa a ciki. Wannan jinsi na yanka kanta in tana susa da dogon farce, ba gashin da zai kare. Ido kuma ba gashin ido, sai a riƙa share kwantsa da auduga da ruwa mai tsabta, kowane ido da tasa audugar. Haƙora suna saurin lalacewa a jinsin. A saba mata da buroshi tun tana ƙarama, da man goge baki na dabbobi, ba na mutane ba.

Zafi da sanyi

In ka ɗauke ta za ka ji kamar zazzaɓi take yi. Ba haka ba ne. Zafin jikinta daidai yake da na kowace kyanwa, digiri 38 zuwa 39.2, gashin da zai shiga tsakani ne babu. Ma'auni mai sauƙi: in kai za ka ji sanyi a ɗakin ba riga, ita ma tana ji. Digiri 22 zuwa 26 ya yi mata. Riga tana taimakawa lokacin sanyi, ta auduga mai laushi, amma a canza ta duk kwana ɗaya ko biyu, domin tana tara maiƙo, ɗinkin hammata kuma yana goge fata. Abin da muka fi tsoro shi ne ƙuna. Za ta manne wa duk abin da ke da ɗumi, hita ko bargon lantarki ko kwalbar ruwan zafi, ta yi barci a kai har fata ta ƙone ba ta motsa ba. A sa bargo mai kauri tsakani, a bar mata wurin matsawa.

Rana kuma tana ƙona ta, musamman masu farar fata, har ta bakin taga. Kyanwar cikin gida ce, ba ta yawo ba. A sa labule a tagar da rana ke dukan ta da tsakar rana, da raga saboda sauro. Man kare rana na mutane ba nata ba ne, da yawansu na ɗauke da sinadarin zinki ko dangin asfirin, duka guba ne in ta lasa.

Rigakafi kamar na sauran kyanwoyi ne: allurar haɗaka ta cututtuka uku, ana farawa daga mako 6 zuwa 8, ana maimaitawa duk bayan mako 3 ko 4 har ta kai mako 16, sai ta ciwon haukan kare daga mako 12. Fiɗiya ko cire mahaifa wajen wata 4 zuwa 6. A tuna wa likita ya tanadi abin ɗumama ta, don jikinta na saurin yin sanyi a ƙarƙashin allurar barci. Maganin ƙuma da ake ɗigawa a ƙeya, ba gashin da zai riƙe shi, yana iya gangarowa inda harshe zai kai. A ɗiga can sama a gindin kai, kada a yi wanka kwana biyu kafin da bayan. Na kare kuwa ko kusa, da yawansu akwai maganin ƙwari mai suna fametirin a ciki, yana sa kyanwa karkarwa da farfaɗiya har mutuwa. Haka farasitamol: ƙwaya ɗaya ta isa ta kashe ta.

Ba a faɗi halinta ba, kuma shi ma nauyi ne. Ba ta san zaman kaɗaici ba. Za ta bi ka ɗaki-ɗaki, ta hau kafaɗa, ta shige bargo da dare, ta yi ta magana. Gidan da kowa ke fita awa goma kullum bai dace da ita ita kaɗai ba. Ko a ɗauki biyu, ko a haƙura. Wanda ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa.

Mun koma kan zuciya, domin duba iyaye rage haɗari ne kawai, ba kawar da shi ba. Ita ma a yi mata eko na farko wajen shekara ɗaya, a riƙa maimaitawa yadda likita ya tsara. A gida akwai awo guda da ba ya cin ko sisi: ƙirga numfashinta tana barci mai nauyi, ba tana gurnanin jin daɗi ba, ba kuma bayan wasa ba. Tashin ƙirji da saukarsa ɗaya ke nan. A ƙirga na daƙiƙa 30 a ninka biyu. A jikin marar gashi abin a fili yake, ana ganin haƙarƙari na motsi daga nesa. Ƙasa da 30 a minti shi ne daidai. Muna rubutawa sau ɗaya a mako a takarda ɗaya da nauyinta, don sanin adadinta na kullum ya fi adadin littafi amfani. Wadda ta saba 22 ta koma 32 kwana biyu a jere, a kira likita ko da tana cin abinci. Numfashi da baki a buɗe, dasashi ya yi fari ko shuɗi-shuɗi, ko ta fara jan ƙafafun baya tana kuka tafin ya yi sanyi, waɗannan ba sa jiran wayewar gari. A sa ta a keji da bargo, ba tare da matsa mata ko ɗura mata komai ba, a kira asibitin tun daga hanya su tanadi iskar oksijin.